A Tura Ko A Goge? Muhawara Kan Bidiyon Fallasa

Duk wanda ke cikin zauren WhatsApp na unguwa, ko na tsofaffin ɗalibai, ko na 'yan kasuwar riɗi da doya a Doma ta jihar Nasarawa, ya san yadda abin ke farawa. Wani zai jefo tambaya: "Wai wa ke da bidiyon nan da ake ta magana?" Ba za a jima ba wani ya ɗora shi, ya haɗa da salati da "Allah Ya shirye mu." Na uku ya ce a turo masa a gefe. Na huɗu ya ce wannan haramun ne, a goge. Daga nan zaure ya rabu biyu, a manta da mutanen da ke cikin bidiyon, a koma musu kan halaccin turawa. A kan wannan musun nake so in tsaya, domin kowane ɓangare na da hujjar da ba ta wasa ba, kuma sau da yawa ba a kan abu ɗaya suke jayayya ba, ko da yake su a ganinsu abu ɗaya ne.

Bari in fara da masu cewa a yaɗa, tunda su aka fi sauke wa fushi a kan mumbari ba tare da an saurare su ba. Hujjarsu ta farko a gida take. A farkon 2018 wani bidiyo ya fito daga makarantar sakandaren kimiyya ta gwamnati da ke Nasarawa Eggon, aka ga ana tsula wa ɗalibai bulala ba tausayi. Ba a ranar aka fara dukan ba, ba kuma a makarantar kaɗai ake yinsa ba. Iyaye sun daɗe suna ganin shatar bulala a bayan 'ya'yansu suna haɗiye takaici. Amma da bidiyon ya zagaya wayoyi, sai gwamnatin Umaru Tanko Al-Makura ta sanar da hana duka a makarantun gwamnati na jihar. Mai wannan ra'ayi zai tambaye ka: takardar koke nawa za a kai ma'aikatar ilimi a Lafia kafin a samu abin da bidiyon nan ya samo?

Idan ka ce wannan ƙaramin abu ne, sai ya kai ka Kano. A watan Oktoban 2018 Jaafar Jaafar na jaridar Daily Nigerian ya saki bidiyon da ya ce gwamna Abdullahi Umar Ganduje ne ke cusa ɗaurin daloli a aljihun babbar riga. Ganduje ya musanta, ya shigar da ƙarar ɓata suna ta naira biliyan 3, kotu ta tsayar da binciken da majalisar dokokin jihar ta fara, Jaafar kuma ya bar ƙasar zuwa Ingila a 2021 saboda fargabar abin da zai same shi. Ko mene ne ra'ayin mutum kan bidiyon, ya sa mai mulki amsa tambayar da ba wanda ya isa ya yi masa ido da ido. A 2019 jaridar Premium Times ta fitar da hoton kyamarar wani shago a Abuja, inda Sanata Elisha Abbo ke sharara wa wata mata mari. A 2020 babbar kotun Abuja ta umarce shi ya biya ta diyyar naira miliyan 50. A 2019 ɗin dai BBC ta ɗauki wasu malaman jami'a a Legas da Ghana a asirce suna neman ɗalibai mata da lalata. Rundunar 'yan sanda ta SARS ma, da aka shafe shekaru ana kuka da ita, wani bidiyo daga Ughelli ta jihar Delta ne ya kunna zanga-zangar da ta kai ga rusa ta a ranar 11 ga Oktoba, 2020.

Mutanen Doma ba sa bukatar a je da su nesa haka. A watan Janairun 2023 an jefa bam ta sama a yankin Rukubi, kusa da iyakar Binuwai, makiyaya kusan arba'in suka mutu. Wuri ne da ɗan jarida ba ya isa cikin sauƙi. Da farko ba wanda ya ɗauki alhaki. Bayanan waɗanda suka tsira da hotunan da aka ɗauka a wurin na daga cikin abin da ƙungiyar Human Rights Watch ta dogara da shi a bincikenta, daga baya kuma rundunar sojin sama ta amsa cewa ita ta kai harin. A irin wannan lungu, in ji masu wannan ra'ayi, wayar talaka ita ce shaidarsa, ita ce lauyansa. Wanda ya ce masa ya daina ɗauka, ya daina turawa, ya ƙwace masa abu ɗaya da ya rage a hannunsa.

Suna da hujjar addini ma. Malamai ba su taɓa cewa rufin asiri ya haɗa da rufa wa azzalumi zaluncinsa ba. Imam Nawawi ya lissafa wurare shida da ambaton aibin mutum ba ya zama giba, ciki har da kukan wanda aka zalunta, da neman taimako don kawar da ɓarna, da gargaɗin jama'a game da mai cutar da su. Sannan suna da wata magana kan doka, wadda ni a ganina ita ce mafi nauyi a duk abin da suke faɗa. Suka ce duk lokacin da aka ce "akwai doka," a duba wa dokar ta saba kamawa. A watan Nuwamban 2022 kotun majistare a Kano ta yanke wa wasu matasa biyu 'yan TikTok bulala ashirin-ashirin, da tara, da sharar harabar kotu na kwana 30, saboda barkwancin da suka yi kan gwamna. A watan ne kuma aka kama wani ɗalibin Jami'ar Tarayya ta Dutse kan wata gajeriyar magana da ya rubuta a Twitter game da uwargidan shugaban ƙasa, sai da aka yi ca kafin a janye ƙarar. Sashe na 24 na dokar laifukan intanet ta 2015 ya zama sandar dukan 'yan jarida da masu suka, har Kotun ECOWAS ta ce a 2022 ya saɓa wa 'yancin faɗin albarkacin baki, ta umarci Najeriya ta gyara shi. To, in ji su, mai tsoratar da mutane da doka yana yi wa manya aiki ne, ya sani ko bai sani ba.

Duk wannan gaskiya ne, ba kuma zan rage masa komai ba. Sai dai in roƙi mai wannan ra'ayi ya buɗe wayarsa, mu duba abin da aka turo masa a watannin nan da sunan fallasa. Gwamna nawa ne a ciki? Abin da za mu tarar shi ne budurwar da saurayi ya ɗauka a ɗaki, soyayya ta ƙare ya huce a kanta. Matar aure da aka ritsa, matasa sun kewaye ta da wayoyi tana neman zani. Yaron da ake zargi da satar babur an tuɓe shi ana duka. Mai taɓin hankali a bakin hanya. Wanda haɗarin mota ya rutsa da shi a hanyar Lafia, ana ɗaukar fuskarsa kafin a sanar da mahaifiyarsa. Hujjojin da aka gina kan gwamna da sanata, da su ake fakewa a yaɗa tsiraicin wanda ba shi da kujera, ba shi da lauya. A nan ne ɓangare na biyu ke da ƙarfi.

Ƙasar Hausa ta ga wannan tun kafin WhatsApp. A 2007 bidiyon sirri na wata 'yar fim, wadda aka fi sani da sunan fim ɗin Hiyana, ya fita daga waya zuwa waya ta Bluetooth. Ba ta ci amanar baitulmali ba, ba ta zalunci kowa ba; abin da ya faru tsakaninta da Ubangijinta ne da wanda ya ɗauka. Ta ɓace daga idon jama'a, sana'arta ta ƙare. Wutar ba ta tsaya a kanta ba: gwamnatin Ibrahim Shekarau ta naɗa Abubakar Rabo Abdulkarim shugaban hukumar tace fina-finai, aka dakatar da ɗaukar fim na tsawon watanni, masu kyamara da masu abinci da direbobi da ba su san hawa ba ba su san sauka ba suka rasa abin yi, aka ɗaure Adam A. Zango, daga baya Hamisu Lamido Iyan-Tama. Yau ka tambayi mutum goma sunan macen, da yawa za su faɗa maka. Tambaye su sunan namijin. A 2020 aka sake maimaita abin a kan wasu 'yan fim mata biyu, ɗaya har ta rasa gurbinta a shirin Kwana Casa'in. A kowane karo sai ka ji an ce idan ɓera da sata, daddawa ma da wari, me ya sa ta yarda aka ɗauke ta. Amma yardar da mace ta yi wa mutum ɗaya, ko da kuskure ce, ba izini ba ne ga mutum dubu ɗari.

Waɗannan ma sanannu ne, suna iya barin Kano su koma Abuja ko Legas su sake rayuwa. Yarinyar Doma fa? Gari ne da in aka ga fuskarka an san gidanku, an san dangin mahaifiyarka, an san rumfar babanka a kasuwa. Ba Alago, ba Bahaushe, ba Tibi, ba Bafulatani, kowa da zaren da ya haɗa shi da wani. Bidiyo ɗaya zai hana uwa zuwa biki, ya hana uba zama a majalisa, ya bi ƙannen yarinyar har makaranta, kuma ranar da aka zo binciken auren ƙanwarta shi za a fara tonowa. Wadda iyaye suka sayar da amfanin gona suka tura Jami'ar Tarayya ta Lafia ko ta jiha a Keffi, sai a ce ta dawo gida, maƙwabta kuma su samu dalilin hana nasu 'ya'ya matan tafiya. Abin da aka saka a intanet kamar riɗi ne da ya zube cikin yashi, ba ya kwasuwa. Mutumin da ya yi kuskure a da, in ya tuba ya yi shekaru, gari na mantawa. Yanzu an hana gari mantuwa.

Sai maganar doka, wadda mutane da yawa ke ɗauka ta tsaya kan wanda ya ɗauki bidiyon ko wanda ya fara sakinsa. "Ni ma turo min aka yi" ba ta fid da kowa a gaban alƙali. An gyara sashe na 24 a watan Fabrairun 2024, an cire kalmomi masu faɗi irin su ɓata wa mutum rai da cin fuska, waɗanda ake kama masu suka da su, amma ba a taɓa maganar batsa ba. Duk wanda ya aika abin batsa ta kwamfuta ko waya da saninsa, ko ya aika abin da ya san ƙarya ne don tada fitina ko jefa rai cikin haɗari, yana fuskantar ɗaurin da zai iya kai shekara 3, ko tarar da za ta iya kai naira miliyan 7, ko duka biyun. Dokar ta yi maganar mai aikawa ne, ba ta ware mai aikawa na farko da na hamsin ba. Idan kuwa wanda ke ciki bai kai shekara 18 ba, sashe na 23 ne ke aiki, shi kuma ya fi tsanani: mai yaɗawa ɗaurin shekara 10 ko tarar naira miliyan 20. Da bidiyon wasu ɗaliban makarantar Chrisland ya fita a watan Afrilun 2022, gwamnatin Legas sai da ta fito ta yi gargaɗi cewa a ƙarƙashin dokarta mai yaɗa shi na iya shan ɗaurin shekara 14. Da yawa cikin waɗanda suka tura shi a lokacin, cikin fushi da tausayin yaran suka yi, amma a idon doka hoton batsar yara suka yaɗa.

Jihar Nasarawa ba ta cikin jihohin da ke hukunta laifuka da shari'ar Musulunci. Kundin Final Kod na Arewa, wanda aka rubuta a 1959 zamanin Sardauna, shi ne tushen dokarta ta laifuka. Sashe na 391 ya bayyana ɓata suna, na 392 ya sa masa ɗaurin da zai iya kai shekara 2. Akwai wani abu a cikinsa da ya kamata masu musu a zaure su sani: kasancewar magana gaskiya bai wadatar ba, sai an nuna cewa bayyana ta na da amfani ga jama'a. Wato waɗanda suka rubuta dokar shekara sittin da wani abu da suka wuce sun riga sun raba abubuwa biyun da muke cakuɗawa yau. Bayan wannan, wanda aka yi wa fallasa na iya neman diyya a babbar kotu, sashe na 37 na tsarin mulkin 1999 ya ba shi kariyar sirrinsa da na gidansa da na wayarsa, dokar kare bayanan mutane ta 2023 ta ƙara masa ƙarfi. Kuma kada mutum ya ce ai a ɗan ƙaramin zaure ya saka. Wata ma'aikaciyar lafiya a Warji ta jihar Bauchi, bidiyon da ba ita ta yi ba ta tura zauren abokan aikinta a watan Mayun 2022, bayan kisan wata ɗaliba a Sakkwato. Ta yi fiye da shekara ɗaya da rabi a tsare kafin ta samu beli, sai daga baya kotu ta sallame ta. Ko wanda yake ganin an zalunce ta zai yarda cewa abin da ya same ta ya nuna nauyin danna maɓallin turawa. Lambarka na manne da saƙon a zauren da ka jefa shi, kuma a kowane zaure akwai mai ɗaukar hoton allo.

Har yanzu ina magana ne kamar bidiyon gaskiya ne. Sau nawa ne ba haka ba? A watan Yunin 2018, lokacin rikicin Barikin Ladi a maƙwabciyarmu Filato, an yaɗa munanan hotuna a Facebook da sunan abin da ke faruwa. Binciken BBC ya gano wasunsu tsofaffi ne, ɗaya ma daga Kongo-Brazabil, 'yan sanda kuma suka ce sun taimaka wajen hura wutar ramuwar da ta ci matafiyan da ba ruwansu. A 2019 an cika gari da labarin auren shugaba Buhari da minista Sadiya Umar Farouq, har da bidiyo da katin gayyata, alhali ba a yi ba; a farkon 2020 hukumar DSS ta gabatar da mutumin da ta ce shi ya haɗa. Wancan aikin hannu ne mai sauƙin ganewa. Yanzu da ƙirƙirarriyar basira ana ɗora fuskar mutum a jikin da ba nasa ba, a sa masa muryar da bai yi ba. A Masar, a ƙarshen 2021, wata yarinya 'yar shekara 17 mai suna Basant Khaled ta kashe kanta bayan an yaɗa hotunan da aka haɗa da fuskarta a ƙauyensu. Doma tana bakin iyaka da Binuwai, inda rikicin manoma da makiyaya bai gama kwanciya ba. A irin wannan wuri, tsohon bidiyo daga wata ƙasa da aka rubuta wa "yanzu-yanzu a Doma" ya isa ya sa a tare hanya kafin magariba. Ko bidiyon gaskiya ma, daƙiƙa talatin ce aka yanko. Ba mu ga abin da ya gabata ba, ba mu ji ta bakin ɗaya ɓangaren ba, amma mun yanke hukunci mun zartar.

Masu rakiyar bidiyo da salati su ne suka fi ba ni mamaki, domin addinin da suke jinginuwa da shi ya yi magana a kan wannan ƙarara. Da aka yi wa Nana A'isha ƙazafi a Madina, munafukin da ya kitsa maganar daban, amma waɗanda tarihi ya ambata an yi musu haddi, Hassan ɗan Sabit da Misɗahu ɗan Usasa da Hamnatu 'yar Jahshi, Musulmi ne na ƙwarai da suka ji suka ƙara gaba. Suratun Nur ta sa sharaɗin shaidu huɗu kan zargin zina, ta sa bulala tamanin ga wanda ya kasa kawo su, ta kuma yi kashedi mai tsanani ga masu son alfasha ta bazu cikin muminai. Suratul Hujurat ta umarci a tantance labari, ta hana bin diddigin sirrin mutane. Sahabin da ya ba wani mai suna Ma'izu shawarar ya je ya tona kansa, an nuna masa cewa da ya rufa masa asiri da ya fi masa alheri. Kiristocinmu ma sun san Yusufu an yabe shi da adalci ne a daidai wurin da ya ƙi kunyata Maryamu a bainar jama'a, sun kuma san abin da Yesu ya yi da waɗanda suka jawo mace gabansa da duwatsu a hannu. To, daga ina aka samo cewa tura tsiraicin mace wa'azi ne? Suka ce don ya zama izina. Mai son izina ai labari ya ishe shi, ba sai ya ga jiki ba. Wanda ya ce a turo masa a gefe ba darasi yake nema ba, shi ma ya sani.

Idan aka ɗora hujjojin biyu a sikeli, abin da na gani shi ne misalan masu cewa a yaɗa duk suna da kama ɗaya. Wanda aka fallasa yana riƙe da amanar jama'a ko iko a kan wani: gwamna, sanata, malami, ɗan sanda, soja. Abin da aka nuna cin wannan amanar ne ko zaluntar wani da ita. Kuma a mafi yawansu akwai wanda ya tsaya da sunansa ya ce ni na fitar, na bincika, a kai ni kotu in ƙarya ne. Jaafar ya biya farashin wannan da gudun hijira. Mai turawa a zaure yana son ladar Jaafar ba tare da ya ɗauki kasadarsa ba, ba ma tare da ya tambayi inda aka ɗauki bidiyon da ranar da aka ɗauka ba.

Akwai wuraren da ba su da sauƙi haka, ba zan yi kamar babu su ba. Mai wa'azin da ke tsine wa mutane a mumbari sai ga shi an ritsa shi a ɗaki. Ɗan siyasar da ke neman ƙuri'armu da sunan tarbiyya. Mijin da ke dukan matarsa kullum har maƙwabciya ta ɗauka ta taga. A na farko da na biyu zuciya na cewa a tona shi ya ji yadda ake ji. Amma a bidiyon ba shi kaɗai ba ne, akwai mace, kuma mun ga wanda gari ke mantawa da wanda ba ya mantawa. Idan ya yi amfani da matsayinsa ya yaudari ɗaliba ko mabiya, wannan zalunci ne da ya kamata a kai gaban hukuma da shugabanninsa, a faɗi sunansa in ta kama, ba tare da an baje jikin kowa ba. Idan kuwa zunubinsa ne tsakaninsa da wata baliga, munafuncinsa bai halatta min nawa ba. Na uku kuma bidiyon hujja ce mai daraja, sai dai wurinta hannun matar, da danginta, da 'yan sanda, da lauya. Ita ce za ta ce a fitar ko kada a fitar, tunda ita za ta ci gaba da zama a garin. Ko bidiyon Nasarawa Eggon da ya haifar da alheri, fuskokin yara ne suka yi yawo a cikinsa, ba kuma wanda ya nemi izininsu.

Mai son a hukunta mai laifi ma, yaɗawa ba kullum take taimakonsa ba. Sashe na 84 na dokar shaida ta 2011 ya sa sharuɗɗa kafin kotu ta karɓi abin da aka ciro daga na'ura, har da takardar da ke bayanin na'urar da yadda aka samar da shi. Bidiyon da ya bi ta wayoyi ɗari, an yanke shi, an ɗora masa rubutu da kiɗa, lauyan wanda ake tuhuma zai yi ta wasa da shi. Ainihin wanda ke wayar mai ɗauka shi ne mai amfani. Kafin nan kuma mai laifin ya gani ya tsallake Binuwai. Su kuma masu cewa ai kowa ya riga ya gani, turawata ba za ta ƙara komai ba, kamfanin WhatsApp da kansa bai yarda da su ba: bayan kashe-kashen da jita-jita ta jawo a Indiya, ya taƙaita turawa zuwa wurare biyar a lokaci guda a 2019, a 2020 kuma ya mayar da saƙon da aka yawaita turawa zuwa wuri ɗaya.

Inda zan tsaya tare da ɓangaren farko har ƙarshe shi ne kan rashin adalcin masu aiwatar da doka. Ba daidai ba ne a ce wanda ya zolayi gwamna an same shi cikin kwana biyu, amma saurayin da ya saki bidiyon 'yar talaka yana yawo a gari ana tafa masa. Rundunar 'yan sandan jiha da ma'aikatar shari'a a Lafia suna da dokar a hannu. Abin da ya rage su yi amfani da ita wajen kare wanda aka rubuta ta dominsa. Fadar Andoma, sarkin Doma, da limamai da fastoci kuma su sani, in suka yi wa yarinyar faɗa suka ƙyale masu turawa, rabin aikin ma ba su yi ba. Wadda ake yi wa barazana da bidiyonta, kada ta biya ko kwabo, don mai karɓa ba ya ƙoshi. Ta ajiye saƙonnin, ta gaya wa babba ɗaya da ta amince da shi, a je ga 'yan sanda, ko ofishin hukumar kare haƙƙin ɗan'adam, ko ƙungiyar lauyoyi mata ta FIDA.

Hukuncina shi ne: bidiyon da ke nuna mai iko yana cin amana ko yana zalunci, a fitar da shi, amma a tantance shi tukuna, a rufe fuskar wanda aka zalunta, a bi ta hannun wanda zai iya tsaya masa da sunansa. Bidiyon tsiraici, da na yara, da na gawa, da na wanda jama'a suka yi wa taron dangi, babu hujjar da ta halatta tura shi, ko da salati dubu aka rako shi. Shugabannin zaurukanmu na Doma su rubuta wannan a ƙa'idar zaure, su cire wanda ya karya, ko da yayansu ne. Wanda kuma yake da bidiyon batsa na yaro ko yarinyar da ba ta kai shekara 18 ba a wayarsa yanzu, ko bai taɓa tura wa kowa ba, ya sani ajiyewar kaɗai laifi ce a sashe na 23, hukuncinta na iya kai ɗaurin shekara 5 ko tarar naira miliyan 10. Ya goge shi yau.